Sunan da Ya Tafi Yaƙi

Juma'a, 2 ga Satumba 1955, da hantsi

Ranar da abubuwa suka juya mini, ina zaune a gindin kurnar tsakar gida ina karanta wa Baba labarin 'yar mai fito. Mun kai daidai inda saurayin ya iso bakin kogi da gudu, ya tarar kwalekwale ya tashi da ita. Baba ya ɗaga hannu ya ce, "Tsaya nan, Madam, kada ki ƙare muna shi yau. Bari shi kwana bakin ruwa shi ji yadda ake ji." Ya yi dariya, ya ce kansa na sarawa, ya ja ƙafarsa ta hagu ya shiga ɗaki. Zazzaɓin bai daɗe da shi ba, Allah ya yi masa rasuwa. Har yanzu saurayin nan yana tsaye a bakin kogi, na kasa buɗe littafin.

Baba surukina ne, mahaifin maigidana. Tsohon sojan Faransa ne, sarjan, ya yi shekara goma sha biyar a ƙasashen da ni sai a taswirar lakkol, makarantar Nasara, na gan su. Shi ya sa mini Madam saboda na yi aji huɗu. Shi ne kuma yake saya mini 'yan littattafan labari a hannun fataken goro masu zuwa daga Birnin Kebbi. Wannan kayen, littafin da nake rubutu a ciki, shi ma shi ya ba ni, ya ce in rubuta nawa labarin. Na ajiye shi ina jiran wani abu mai daɗi ya same ni, irin wanda ke samun 'yan matan littafi. Wanda ya same ni ba irinsa ba ne, amma na gaji da jira.

Sunan Baba ba zan rubuta ba. Mace ba ta kama sunan surukinta, ko a baki ko a takarda. Akwai wani mai gishiri a kasuwar Dutsi da ke da irin sunan, "mai sunan Baba" nake ce masa, yana amsawa.

Lahadi, bayan azahar

Yau aka buɗe akwatin ƙarfen Baba. Ga Malam, ga Baffa Illo yayan Baba, ga maigidana, ga Kaporal Maikano, abokin Baba tun daga bariki. Inna Ajuma, matar Baba, tana takaba, don haka daga bayan zana take sauraro. Aka kira ni in karanta takardu, na zo ina jin kaina kamar alƙali.

Ban da rigar soja mai lambobi da jar hula, takardu uku ne. Akwai karne, ɗan littafin pansiyo, wanda Baba yake kai wa biro, ofishin Nasara, duk wata uku a biya shi. Akwai littafin ajiya na gidan waya. Akwai kuma katin ƙungiyar tsofaffin soja, wadda suke ce wa mitiyel: mutum yana zuba wani abu a duk biya, in ya rasu a ba matarsa.

Na buɗe na farko na karanta: Sarjan Illo. Na biyu, Illo. Na uku, Illo. Na ɗaga kai na dubi Baffa Illo, yana zaune da ransa yana tauna goro.

Ashe ni kaɗai ce ban sani ba. Kaporal ya ce shekarar da aka zo ɗibar soja, sunan Baffa aka rubuta. To shi ne babba, ubansu ya makance, gandu duk a wuyansa yake. Da aka kira Illo a fili, sai Baba ya miƙe ya ce ga shi. Tun daga ranar, Nasara bai san shi da wani suna ba.

Malam ya ce rabon ba wuya: tumunin ajiyar na Inna ne, saura na ɗa, kuɗin mitiyel kuma da ma nata ne. Kaporal ya ce haka ne, amma Nasara ba ya sakin ko tamma sai an je biro an shaida Sarjan Illo ya rasu, an rubuta, an buga hatimi.

Goron Baffa ya tsaya a kumatu.

"Wa za a rubuta yam mutu?"

"Illo."

"Wane Illo?"

"Illo nawa gare mu, Yaya?" in ji Kaporal.

"Da ƙafafuna za ku kai ni gaban kumandan ku ce na mutu? To wallahi ba a haifi mai rubutawa ba!"

Ya suri takalmansa a hannu ya fita, ya bar sandarsa. Ban san wanda ya fara ba, amma duk muka fashe da dariya, har Inna a bayan zana. Ita ce dariya ta farko a gidan nan tun ranar.

Litinin, da safe

Baffa ya tashi da ciwon kai. Ya aiko a tambaye mu ko mun ga abin da muka fara.

Alhamis, da la'asar

Baffa ya warke. Ya je wurin wata 'yar bori can gindin dutse, ya kai jan zakara. Ta ce masa Doguwa ba ta karanta rubutun Nasara, wannan ta tabbata. Mutuwa ce ba ta iya yi masa alkawari a kanta ba, don ba ta san ko ta shiga lakkol ba. Zakaran dai bai dawo ba.

Amma ya zo da dabara. Ya ce tunda takarda ta ce Illo na da rai, kuma Illo na da rai, don me za a ƙaryata Nasara? Ranar Litinin ta farkon watan gobe mai biya zai zo daga Dosso, baƙo ne, bai san kowa ba. Hoton da ke cikin karne ya koɗe, kuma su biyun kama suke yi. Baffa zai sa riga ya je ya amsa, pansiyo ya ci gaba da zuwa muddin yana numfashi. Zai riƙa aiko wa Inna hatsi. Maigidana kuma, Baffa zai saya masa keken ɗinki.

Na saci kallon mutumin nawa. Tela ne, amma da hannu yake ɗinki a rumfar kasuwa, keken wani yake ara in mai shi ya tafi salla. Idonsa ne ya yi magana.

Ni aka ba aikin mai da Baffa sarjan, tunda ni na fi kowa jin labaran Baba. Na ce to. Har daɗi na ji, domin a littattafai kullum akwai wanda yake ɓad da kama, kuma ban taɓa zaton za a ba ni wuri a irin wannan labari ba.

Asabar, da hantsi

Darasi na farko, a bayan rumbu.

Na ce, "Baffa, in an kira Sarjan Illo, sai ka ce Prezan."

"Furzan!"

"Prezan."

"Barazan! Ke, wagga magana ba ta shiga bakin mai salla."

Sarawar soja kuma, in ya ɗaga hannu sai ka ce ƙuda yake kora. Na nuna masa ɗingishin Baba, ya kama shi da kyau, sai dai da ƙafar dama yake yi. Na ce hagu ce harsashi ya sama. Ya ce ai ta dama ce ke masa ciwo da gaske, a bar shi ya yi da wadda ya saba. Ya zaga rumbu yana ɗingishi da duka biyun, awaki suka watse. Na yi dariya har na zauna a ƙasa.

Na tambaye shi, "In an ce ina ka yi yaƙi fa?"

"In ce Maka."

"Baffa!"

"To wane gari na sani mai nisa in ba shi ba?"

Talata, da azahar

Gero ya fara nuna. Na je rijiya na dawo ina tsara yadda ɗakinmu zai kasance in keken ya zo. Zan sa shi kusa da ƙofa inda haske ke shigowa, shi yana taka shi ni ina karanta masa, ƙarar keken tana bin muryata. Zai ɗinka mini riga mai hannu irin ta matar tafinta. Na yi nisa a wannan tunani har na wuce ƙofar gidanmu da tulu a ka.

Baffa ya iya Prezan. Ya faɗa wa jakinsa, ya faɗa wa Malam a ƙofar masallaci.

Juma'a, bayan an taso daga kasuwa

Ina tsefe wa Inna kai sai ta ce, "Zali, wannan karnen, an sa sunana ciki?"

Na ce an sa. Ajuma, matar Sarjan Illo.

Ta ƙyalƙyale da dariya. "Ashe Nasara ya daɗe da aurar da ni ga Yaya ban sani ba! Ko goro ban gani ba."

Muka yi ta dariya. Can ta ce, a hankali, ba ta juyo ba, "To in mai karne bai mutu ba, ni takabar wa nike yi?"

Na ce kanta ya yi amosani, bari in ɗauko man shanu.

Lahadi, da safe

Ba darasi yau. Na ce wa Baffa cikina ke ciwo.

Laraba, da la'asar

Kaporal Maikano ya zo gaishe da Inna, ya tarar da Baffa yana maci a bayan rumbu. Ya tsaya ya kalle shi har ya gama, sannan ya ce, "Yaya, da kai anka kai yaƙin nan da tuni Jamus na karɓar haraji a Dutsi."

Bayan Baffa ya tafi, ya zauna a bakin zaure ya kira ni da maigidana. Ya ce shi ba zai tona kowa ba, soja ba ya tona ɗan'uwa a gaban mai biya. Amma mu san abu ɗaya: in Baffa ya amsa, ajiya da mitiyel sun rufe ke nan, sai ran da Baffa ya mutu da gaske. Hatsin da zai aiko wa Inna kuwa, kyauta ce, ba hakki ba. Mai kyauta yana iya mantawa.

Ya ce akwai wata hanya. Rabin mutanen barikinsu da sunan wani suka tafi, kuma Nasara ya sani. In shaidu biyu suka tsaya gaban kumandan, ɗaya soja ɗaya ɗan gida, suka ce wanda ya rasu shi ne sojan, ga sunansa na takarda, ga kuma sunan da ubansa ya raɗa masa, sai a rubuta duka biyun. A rubuta wane, wanda aka sani da Illo. Baffa ya tsira da ransa a takarda, Inna ta sami nata. Sai dai pansiyo zai ragu ya koma rabon mace, kuma abin yana ɗaukar watanni. Dole kuma a yi kafin a kira suna ranar biya.

"Soja ga ni," in ji Kaporal. "Saura ɗan gida. Ajuma ba ta fita sai ta gama takaba. Saminu, kai ne."

Maigidana ya ce, "Kaporal, ina da shekara biyu anka tafi da tsohona. Baffa yag goya ni, shi yay yi min kaciya, shi yab biya sadakin wagga. In tashi gaban Nasara in ce mishi maƙaryaci?"

"Ba ka ce mishi komi. Sunan ubanka kaɗai za ka faɗi."

Kaporal ya dube ni. Na dubi kaji.

Alhamis, da sassafe

Na ce wa maigidana, "Ni fa? Ai ni ma 'yar gida ce, kuma na iya sa hannu."

Ya faɗi wata magana. Ba zan rubuta ta ba, kayen sabo ne.

Asabar, da hantsi

Ɗan Kassari, garin iyayena, ba nisa gare shi ba. Mai jaki in ya fita da asuba yana isa da rana. Tuwon uwata ma ya fi nawa laushi, kuma kullum tana cewa na daɗe ban zo ba. Ba wai zan je ba. Ina dai tunawa ne cewa garinmu yana nan inda na bar shi.

Na kai wa maigidana fura rumfa. Ya sha, ya ce ta yi daɗi, yana kallon allura. A littattafai in miji da mata suka ɓata, sai a yi ruwa mai ƙarfi su fake a wuri ɗaya. Na duba sama, ko gajimare ɗaya babu. Damina ta tafi ta bar ni da shi.

Litinin, da la'asar sakaliya

Baffa ya aiko aka ɗauki rigar da jar hular daga ɗakin Inna. Ta bayar. Tun ranar da aka buɗe akwatin a gefen shimfiɗarta take ajiye su.

Ina tankaɗe a ƙofar madafa, Inna tana fitowa da ƙwaryar wake, sai ga mutum ya shigo ta zaure, rana a bayansa. Riga mai lambobi, jar hula a karkace, ƙafar hagu tana jan ƙasa. Yau kam ya yi daidai. Ya yi daidai ƙwarai.

Ƙwaryar ta faɗi. Inna ta kira sunan da ban taɓa jin ta kira ba, da ƙarfi, sau ɗaya. Sannan ta gane, ta toshe bakinta da mayafi ta koma ɗaki.

Baffa ya tsaya a tsakar gida da hannu a sama, ya zo ne ya nuna mana ya iya sarawa. Ya sauke hannun a hankali. Ya ce, "Ni ne fa." Kaji suka taru a kan waken, ni da shi muka durƙusa muna tsincewa, lambobin suna ƙara a ƙirjinsa.

Talata, da rana

Inna ba ta ci komai ba sai kunu.

Laraba, da hantsi

Na kai wa Baffa abinci gona, suna yankan gero. Ya kira ni gindin gawo ya ce in zauna.

"Ɗiyata, na san abin da Maikano yaz zuba muku. Kina ganina ɓarawo ko?"

Na ce Allah ya kiyaye.

"Shi yat tafi, gaskiya ne. Amma sunana yat tafi da shi. Shekarun nan duka, in gardin Nasara ya shigo gari, ni ke ɓoyewa cikin rumbu, don Illo na can bakin daga, wane ne wanga? Na noma gonarshi, na ciyar da matarshi shekarar fari, na riƙe ɗanshi. Da yad dawo anka yi mishi kiɗa, anka ba shi kujera gaban biro. Ni ko sannu. Ban taɓa ƙorafi ba, ƙanena ne, ya tare min harsashi. To yanzu ya tafi ya bar sunan. Sunana ne. In ɗauki abina shi ne laifi?"

A littattafaina mugu daban yake, ana gane shi tun shafi na biyu, yana da jan ido. Baffa ba shi da jan ido. Ya ma ɓare mini rake.

Na ce, "Baffa, in an rubuta sunaye biyun, ai naka ya dawo hannunka ke nan, kai kaɗai."

Ya ce, "Da wofi."

Na ce, "Da rai."

Ya harare ni, sannan ya yi dariya ya ce lakkol ta lalata 'ya'yan mutane. Amma bai ce ya fasa ba. Ya ce in gaya wa Saminu ya riga ya yi maganar keken da wani Bayarabe.

Alhamis, bayan azahar

Yau na buɗe littafin 'yar mai fito, na ce bari in fid da saurayin nan daga bakin kogi. Ashe gara ta cinye shafukan ƙarshe. Baba ya sani, shi ya saye shi da araha. Shi ya sa yake ta cewa kada in yi sauri.

Na zauna a gindin kurna ina dariya ni kaɗai, sai wata hira tasa ta dawo mini. Na taɓa tambayarsa ko ya ji tsoro a yaƙi. Ya ce harsashi ba ya ba mutum lokacin jin tsoro. Inda ya ji tsoro asibiti ne, a ƙasar sanyi, bayan an cire masa ƙarfe daga ƙafa. Ta taga yana hango maƙabartar soja, kowane kabari da ɗan katako an rubuta suna. Wata ma'aikaciya tana ta kiran Illo, Illo, shi kuwa zazzaɓi ya sa ya manta da shi ake.

"Sai nac ce, kai, in nam mutu nan, Yaya za su rubuta bisa katakon. Shi yana gida yana shan fura, an binne shi Faransa. Ni kuwa ban mutu ba, ban rayu ba, ba ni ko'ina. Madam, wanga tsoro shi yat tashe ni. Nac ce sai na kai kaina gida inda anka san ni."

Da dariya ya faɗa, yana buga gwiwa. Ni ma a lokacin dariya na yi.

Ya kawo kansa gida. Mu ne muke shirin mai da shi can.

Juma'a, da yamma

Inna ta kira ni ɗakinta. Ta ce ta ji abin da ɗanta ya ce, wai in na taka ƙofar biro in zarce gidan ubana. Ta ce kada in kashe aurena saboda ita, tsohuwa ba ta cin da yawa.

Na ce ai ba a kashe aure da Faransanci aji huɗu.

Ta ce, "Ke dai ba ki da kunya." Ta riƙe hannuna ba ta saki ba har aka kira magariba.

Abin da ke damuna ba kumandan ba ne. Na taɓa ganinsa, gajere ne, hancinsa ya saɓule da rana. Ba Ɗan Kassari ba ne ma. Sunan ne. Kaporal ya ce dole shaida ya faɗa da bakinsa, a gaban mutane, tafinta ya maimaita. Duk tsofaffin sojan Arewa za su kasance a wurin, daga Kieshe har Sukukutane. Kafin azahar labari ya kai rijiya: matar Saminu ta kama sunan surukinta a bainar jama'a.

Asabar, da safe

Na gwada. Na sa kaina cikin randa na buɗe baki, ba abin da ya fito. Na gwada a gaban akuya, ta kalle ni kamar ta san ni da mutunci. Na je kasuwa na tsaya gaban mai gishiri, na ce, "Ina kwana, mai..." Sai na sayi gishirin da ba na bukata.

Lahadi, 2 ga Oktoba, da la'asar

Na wanke zanena mai ruwan bula, na shanya. Na ɗaure 'yan littattafaina a ɗankwali ɗaya, ko da za a ce in wuce. Su ne kaɗai kayan da ban yarda in bari ba.

Maigidana ya dawo da wuri yau. Ya ga zanen a igiya, ya ga ƙullin a bakin gado. Ya zauna a kan turmi yana jujjuya ƙarfen yatsansa na ɗinki. Ya ce ranar da Baba ya dawo daga soja, shi yana saurayi, sai ga wani baƙo mai ɗingishi ya rungume shi yana kuka, shi kuwa yana ta neman Baffa da ido ya zo ya cece shi. Ya ce bai taɓa sabawa da shi ba. Ni ce na saba da shi. Wani lokaci yakan tsaya a zaure yana jin muna dariya a gindin kurna, ya rasa ta inda zai shigo.

Na ci gaba da tsince shinkafa.

Can ya ce, "Zali, yaya ake cewa 'ubana ne' da bakin Nasara?"

Na gaya masa. Ya maimaita, bai fi Baffa iyawa ba. Ya sake maimaitawa. Sannan ya tashi ya tafi masallaci. Bai ce zai zo ba. Bai ce ya janye maganarsa ba. Ni ma ban tambaya ba.

Baffa ya aiko a gaya mini ya goge lambobin da toka, suna walƙiya. Na aika masa cewa zan riga shi isa, don kada ya ce na yi masa a ɓoye. Zan roƙi Kaporal ya tare shi a hanya ya karɓi rigar, ya zaunar da shi a inuwa, kada ya shiga layi ya ji kunya. In an gama zan durƙusa in ba shi haƙuri, ya zage ni iya son ransa.

Gobe da hantsi zan bi Kaporal Maikano biro. Zan ce sojan ya rasu a gidansa, a hannun matarsa. In aka tambaye ni sunansa, zan faɗa.

Sunansa Gado.